Wuni Guda a Cibiyar Al'adun Polinesiya ta Laie: Jagora ga Matafiyi

Duk wanda Allah ya kai tsibirin Oahu na jihar Hawai, ko don hutu, ko taron aiki, ko ziyarar ɗan'uwa, zai ji ana yawan ambaton wani wuri a garin Laie mai suna Polynesian Cultural Center, cibiyar da ke nuna al'adun tsibiran Polinesiya a ƙauyukan gargajiya da aka gina. Ma'aikatan otal za su tallata masa, takardun talla na filin jirgin Honolulu ma cike suke da hotunansa. Wurin ya cancanci a ba shi wuni guda cur, amma sai an je da shiri. Mutane da yawa suna isa da la'asar, su yi ta sauri tsakanin bukkoki suna ɗaukar hoto, su ci abinci, su kalli wasan dare, su koma ba su yi magana da kowa ba. Sun biya kuɗi mai yawa, kuma abin da ya fi daraja a wurin ya wuce su, wato matasan da ke tsaye a kowane ƙauye suna bayanin al'adun iyayensu da bakinsu. Saboda haka duk shawarar da ke tafe an gina ta ne a kan abu ɗaya, yadda za ka samu lokacin zama da waɗannan matasa, ba tare da ka yi asarar sallarka ko ka ci abin da bai halatta gare ka ba.

Fara sanin inda za ka

Polinesiya yanki ne na dubban tsibirai a tekun Pasifik. Idan ka duba taswira za ka ga kusurwa uku: Hawai a arewa, Niyu Zilan a kudu maso yamma, wadda 'yan asalinta Maori ke kira Aotearoa, sai tsibirin Rapa Nui a gabas mai nisa, wanda ke ƙarƙashin ƙasar Chile tun 1888. Kakannin mutanen wannan yanki sun ratsa teku da kwalekwale masu jiki biyu, ba na'ura ba taswira, suna bin taurari da yanayin igiyar ruwa da tashin tsuntsaye. Sun isa Niyu Zilan wajen shekaru 700 zuwa 800 da suka wuce. Harsunansu har yau suna kama da juna duk da tazarar dubban kilomitoci.

An buɗe cibiyar ranar 12 ga Oktoba, 1963, kuma yanzu tana kan fili mai faɗin eka 42. Mallakar cocin Mormon ce, wadda ta sayi ƙasa a Laie tun 1865. Jikinta akwai jami'ar cocin, BYU-Hawaii, da aka kafa a 1955, kuma mafi yawan ma'aikatan cibiyar ɗaliban wannan jami'a ne, da suka zo daga Samowa, Tonga, Fiji, Tahiti, Niyu Zilan da ƙasashen Asiya. Da aikin da suke yi a nan suke ɗaukar nauyin karatunsu. Saurayin da zai hau bishiyar kwakwa a gabanka da yamma, mai yiwuwa da safe yana aji yana koyon lissafin kuɗi.

Ya kamata a faɗi gaskiya tun yanzu: ƙauyukan da za ka gani ginannu ne domin baƙi. Ba wanda ke kwana a cikinsu, kuma mutanen Samowa ko Tahiti na yau suna da motoci da wayoyi da matsalolin zamani kamar kowa. Masana sun daɗe suna sukar irin wannan wuri da cewa yana daskarar da al'ada a zamanin da ya wuce, yana kuma tace ta yadda za ta yi wa baƙo daɗi. Sukar tana da tushe, kuma ina ganin matafiyi ya riƙe ta a ransa. Amma ginin na hannun gwanaye ne, waƙoƙin na gaske ne, kuma yarinyar da ke koya maka saƙar ganye daga kakarta ta koya. Idan ka tambaye ta yadda rayuwa take a tsibirinsu yanzu, za ta gaya maka, kuma a nan ne ziyarar ke fita daga kallo ta zama ilimi.

Hawai jiha ce ta Amurka tun 1959, don haka bizar Amurka ce ke kai ka. Agogonta yana bayan na Najeriya da Nijar da awa 11. Kada ka sa wannan ziyara a washegarin saukarka, domin barci zai kwashe ka a tsakiyar wasan dare. Ba jikinka kwana biyu ya saba.

Zaɓen rana

Cibiyar ba ta buɗewa ranar Lahadi, saboda ranar ibadar masu ita ce. A shekarun baya-bayan nan takan rufe ranar Laraba ma, haka nan ranar Kirsimeti da ranar bikin godiya ta Amurka a ƙarshen Nuwamba. Duba kalandar shafinsu na intanet kafin ka tsayar da rana. Ga Musulmi akwai ƙarin lissafi: masallacin Musulmin Hawai yana unguwar Manoa a Honolulu, tafiyar fiye da awa guda daga Laie, kuma lokacin Juma'a ya yi karo da lokacin buɗe ƙauyuka. Wanda ya ce zai haɗa biyun zai isa Laie rabin wuni ya tafi. Bar Juma'a ga masallaci. Asabar kuwa ta fi cunkoso. Litinin, Talata ko Alhamis su ne zaɓina.

Laie tana gefen tsibirin da iska ke kaɗowa daga teku, shi ya sa ta fi Waikiki, unguwar otal-otal ta Honolulu, ruwan sama, musamman daga Nuwamba zuwa Maris. Yawanci yayyafi ne da ke zuwa ya wuce. Idan tafiyarka ta faɗo a watan Mayu, duba ko ta dace da gasar duniya ta rawar wuƙar wuta, wadda cibiyar ke shiryawa duk shekara tun 1993.

Tikiti: me kake saye?

Abubuwa uku ake sayarwa, a haɗe ko a rabe: shiga ƙauyuka da rana, abincin yamma, da wasan dare. Mafi arha shi ne na ƙauyuka kaɗai. Sama da shi akwai ƙauyuka da wasan dare ba abinci. Sai wanda ya haɗa da abincin ɗibi-da-kanka a zauren da ake kira Gateway. Sai Ali'i Luau, walimar gargajiya mai kiɗa da rawa. A ƙoli akwai Super Ambassador, mai ɗan rakiya da kujerun gaba. Manyan nau'o'in suna kai dala 200 ko fiye ga mutum ɗaya, yara kuma suna da rangwame. Ka tuna a Amurka kuɗin da aka rubuta sau da yawa ba ya haɗa haraji.

Shawarata ga wanda ba ya cin naman alade ita ce ya yi tunani sau biyu kafin ya biya kuɗin luau. Tauraron wannan walima alade ne da aka gasa a rami, kuma kaso mai tsoka na kuɗinka a kansa yake tafiya. Tikitin ƙauyuka da wasan dare, sannan ka sayi abincin da ka zaɓa da kanka, ya fi sauƙi ga aljihu da kwanciyar rai. Wanda ke son ganin bikin walimar duk da haka, akwai abin da zai ci, zan zo kansa. Wasan dare kuwa kada a yi tsimi a kansa.

Sayi tikiti ta intanet da wuri. Kujerun wasan dare masu kyau suna ƙarewa, kuma sukan yi ragi ga wanda ya saya kwanaki kafin zuwansa.

Hanya

Daga Waikiki zuwa Laie kimanin kilomita 55 ne. A mota awa guda ne da 'yan mintuna idan hanya ta yi kyau, awa ɗaya da rabi idan akwai cunkoso. Hanyoyi uku ne a gabanka.

Hayar mota ta fi ba da 'yanci. Za ka bi babban titin H-1, ka ratsa duwatsun Ko'olau ta titin Likelike ko H-3, ka faɗa titin Kamehameha mai lamba 83, wanda ke bin bakin teku har ƙofar cibiyar. Daga Kaneohe zuwa gaba titin hannu ɗaya ne kowane ɓangare, teku a damanka, koren dutse a hagunka, don haka ba wurin gudu ba ne. Fita da ƙarfe tara na safe zai ba ka damar tsayawa a Kualoa ka kalli ɗan tsibirin Mokoli'i, ko ka wuce Laie kaɗan zuwa Kahuku, inda motocin abinci ke sayar da jatan lande da tafarnuwa da shinkafa. Kada ka bar jaka ko fasfo a cikin mota a wuraren tsayawa na bakin teku, ana fasa gilashi.

Bas ɗin cibiyar na ɗaukar baƙi daga Waikiki ya dawo da su bayan wasan dare, ana biyan kuɗinsa tare da tikiti. Ga wanda bai saba tuƙi a Amurka ba, ko mai tafiya da tsofaffi, wannan ya fi. Bas ɗin gari, TheBus mai lamba 60, yana tashi daga Ala Moana a Honolulu ya bi ta Laie da kuɗi kaɗan, sai dai yana cin kusan awa biyu, kuma dole ka tabbatar da lokacin na ƙarshe kafin ka zauna kallon dare. Motocin haya na manhaja suna kai mutum cikin sauƙi, samun na dawowa da ƙarfe tara na dare a Laie ne ba tabbas.

A jakarka sa ruwan sha, hula ko lema, 'yar rigar ruwa, man kare fata daga rana, ƙaramar darduma, da riga mai ɗan kauri saboda iskar dare. Takalmi ya zama na tafiya, domin za ka wuni a ƙafa. Mace mai hijabi ko doguwar riga ba za ta ji ta fita daban ba. Wurin na masu addini ne, ba a sayar da giya, kuma suturar masu rawa ta fi ta wuraren wasan Waikiki rufe jiki, ko da yake maza da yawa suna rawa ba riga.

Shiga da tsara zagaye

Ƙauyuka suna buɗewa jim kaɗan bayan sha biyun rana, su rufe da yamma kafin abinci. Kasuwar Hukilau da ke bakin ƙofa tana riga su buɗewa, kuma shigarta kyauta ce. Isa da wuri, ci wani abu, kama ruwa, karɓi taswira da jadawalin ranar. A kasuwar za ka ga mutum-mutumin Hamana Kalili, masuncin Laie da ya rasa yatsunsa uku na tsakiya a injin rake, wanda ake danganta wa gaisuwar hannu ta shaka, ta ɗaga babban yatsa da ƙaramin. Sunan kasuwar ma daga bikin jan koma yake, wanda mutanen garin suka fara shirya wa baƙi a 1948 don tara kuɗin sake gina cocinsu da ta ƙone. Daga wannan biki tunanin cibiyar ya samo tushe.

Jadawalin nan shi ne makaminka. Ƙauyuka shida ne, Samowa, Aotearoa, Fiji, Hawai, Tahiti da Tonga, jere a gefen wata ƙorama da aka haƙa. Kowanne yana da babban nuni na wajen minti 20 zuwa 30 da ake maimaitawa a lokuta daban-daban, tsakaninsu kuma akwai ayyukan hannu. Awa biyar ba za ta ishe ka ka ga shida da natsuwa ba. Zaɓi nuni huɗu, ka yi musu alama da biro, sauran biyun ka ratsa su a tsakani. Akwai kuma wasan kwalekwale mai suna Huki, inda tawagar kowane tsibiri ke rawa a kan ruwa. Nemi lokacinsa, ka kama wuri mai inuwa minti 15 kafin a fara.

Dabara ɗaya da ke aiki: jama'a sukan cika ƙauyen farko da suka tarar. Hau kwalekwalen da ke ɗaukar baƙi zuwa ƙarshen ƙoramar, ka faro daga can kana dawowa. Wata dabarar ta fi wannan muhimmanci. Idan nuni ya ƙare kowa ya tashi, kai ka zauna. Mintuna goman da ke biyo baya su ne lokacin da ɗaliban ke da sarari, kuma suna jin daɗin mai tambaya. Gaishe su da harshensu: talofa a Samowa, kia ora a Aotearoa, bula a Fiji, aloha a Hawai, ia orana a Tahiti, malo e lelei a Tonga. Gaya musu daga inda ka fito. Kaɗan ne daga cikinsu suka taɓa zama da Bahaushe, kuma tambayoyinsu ba za su gaza naka ba.

Samowa ita ce wadda ba a tsallakewa. A gabanka za a goga itace biyu har wuta ta tashi, a feɗe kwakwar attagara a kan tsinin sanda, a fasa ta gida biyu da bugun dutse ɗaya, a kankare, a matse madararta, sannan wani ya hau doguwar bishiya ba igiya ba tsani. Mai gabatarwa yana da barkwanci, jama'a na ta dariya, amma ɗaga kai ka dubi rufin zauren. Gidan Samowa, fale, ba shi da bango, kuma ba ƙusa ko ɗaya a jikinsa. Da igiyar zaren ɓawon kwakwa aka ɗaure shi, igiyar da dattawa ke murzawa a cinya suna hira. Tambayi ɗalibi game da tsarin matai, shugabannin dangi da har yau suke riƙe da ƙasa da hukunci a ƙauyukan Samowa. Hirar za ta yi nisa.

A Aotearoa yanayin ya sha bamban, akwai nauyi da girmamawa. Zauren taron Maori cike yake da sassaƙa, kuma a fahimtarsu zauren kansa jikin kaka ne: dogon itacen tsakiyar rufi ƙashin bayansa, azarun haƙarƙarinsa. Za a yi rawar da ake kira haka, wadda duniya ta sani ta hanyar 'yan wasan rugbi na Niyu Zilan, da zare ido da fito da harshe da buga ƙirji. Ba abin dariya ba ne, ana yin ta a tarbar baƙi da jana'iza da fagen yaƙi, don haka kada ka kwaikwaya da wasa. Mata za su juya ƙwallayen poi a kan zare, yara kuma za su ji daɗin wasan jefa sanduna. Idan ka samu sarari tambayi labarin yarjejeniyar Waitangi ta 1840 tsakanin sarakunan Maori da Ingila, da yadda aka farfaɗo da harshen Maori ta makarantun ƙananan yara bayan ya kusa ɓacewa.

Tonga wurin ganga ne. Ana kiran maza uku daga cikin baƙi su gwada bugawa, kuma idan ka zauna a gaba za a iya kiranka. Wanda ba ya son haka ya zauna baya. Bayan an watse, nemi inda ake nuna ngatu, tufar da ake yi da ɓawon itace, a jiƙa, a yi ta bugu har ya faɗaɗa, a manna, a zana. A Tonga ba a aure ko jana'iza sai da ita. Ƙasar masarauta ce har yau, Sarki Tupou na 6 ke kan gado tun 2012.

Fiji za ka gane ta daga nesa da dogon ɗakin bauta na dā, bure kalou, mai tsinin rufi. Masana sukan sa Fiji cikin Melanesiya, yankin tsibiran da ke yamma da Polinesiya, amma auratayya da ciniki da yaƙi sun ɗaure ta da Tonga da Samowa shekaru aru-aru. Ana raba wa baƙi gorar da ake dukan ƙasa da ita a yi kiɗa tare. Tahiti kuwa tana nuna ɗaurin aure na gargajiya da rawar kaɗa ƙugu mai sauri. Wanda ke ganin wannan rawa ba ta dace da shi ko iyalinsa ba, ya wuce wajen ɗanɗana burodin kwakwa da jifan mashi, ba wanda zai tsare shi.

Ƙauyen Hawai na masu masauki ne, kuma ya cancanci a ba shi lokaci don tarihinsa. An hamɓarar da Sarauniya Lili'uokalani a 1893, aka hana koyarwa da harshen Hawai a makarantu a 1896, Amurka ta haɗe tsibiran a 1898. Duk waƙar da ka ji da harshen a yau ta tsira ne da ƙyar. Rawarsu ta hula ba girgiza jiki ba ce kawai, hannu yana ba da labari, waƙar tana ɗauke da asalin sarakuna da sunayen wurare. A nan za a ba ka ɗanɗanon poi na ci, wato gwaza da aka dafa aka kirɓa a kan katako da dutse, kamar yadda ake kirɓa sakwara, sai dai ana sassauta shi da ruwa har ya yi laushi, wani lokaci a bar shi ya yi tsami. Kada ka yatsine fuska, abinci ne da suke girmamawa ƙwarai.

Kusa da nan akwai abin da mutane da yawa ke wucewa, kuma a ganina yana cikin mafi daraja: Iosepa, kwalekwale mai jiki biyu, tsawonsa ƙafa 57, da aka sassaƙa da itacen Fiji aka sa a ruwa a 2001. Jirgin gaske ne da ɗalibai ke fita teku da shi. An daɗe wasu masana na cewa 'yan Polinesiya iska ce kawai ta kwashe su ta watsa a tsibirai. A 1976 kwalekwalen Hokule'a ya tashi daga Hawai ya isa Tahiti, tafiyar wajen kilomita 4,000, ba tare da na'ura ba, ƙarƙashin jagorancin Mau Piailug, gwanin tuƙi daga tsibirin Satawal. Wannan tafiya ta rufe bakin masu musu, ta kuma tayar da ƙaimin farfaɗo da al'ada a duk yankin. Tsaya ka sa a nuna maka yadda ake raba sararin sama gida-gida gwargwadon mafitar taurari. Kafin ka bar yankin ƙoramar, leƙa gumakan dutse na Rapa Nui, waɗanda kwafi ne na moai na asali.

Akwai kuma 'yar motar yawo da ke kai baƙi su ga jami'a da harabar haikalin Mormon na Laie, wanda aka keɓe a 1919. A can za ka tarar da masu wa'azin cocin. Zaɓi ne, ba dole ba, kuma yana cinye lokacin ƙauye guda.

Salla

Bahaushe ya saba alƙibla gabas take. A Hawai ba haka ba ne: za ka fuskanci arewa ne ka ɗan karkata yamma, wajen digiri 337 a kamfas. Saita manhajar wayarka tun daga otal. Azahar tana shiga wajen sha biyu da rabi, daidai lokacin buɗe ƙauyuka, don haka mafi sauƙi ka yi ta kafin ka shiga, a gefen motarka ko wani wuri mai tsabta. Matafiyi yana da sauƙin kasaru da haɗa salloli bisa sharuɗɗan da malamai suka bayyana. Rana tana faɗuwa kafin ƙarfe shida a Disamba, bayan bakwai a Yuni, ke nan Magariba takan faɗo tsakanin abinci da wasan dare. Kada ka ji nauyin tambayar ma'aikaci wuri mai shiru. Mutane ne da suka san darajar ibada. A wasu ƙauyukan ana buga wa baƙi zanen tawada a hannu mai kama da jarfa, wanda ke wankuwa. Mai kula da alwala ya jinkirta shi zuwa bayan salla ko ya bar shi.

Abincin yamma

A luau za a tarbe ka da lei, sarƙar furanni da ake rataya wa baƙo. Karɓa da godiya, ka ce mahalo, kuma kada ka cire a gaban wanda ya ba ka. Idan ba ka son taɓa jiki ko rungumar hoto, ɗora hannu a ƙirji ka yi murmushi, za a gane.

Ana haƙa rami da ake kira imu, a gasa duwatsu har su yi ja, a shimfiɗa ganyen ayaba, a sa naman, a rufe ya yi awoyi. Abin da ke fitowa shi ne kalua, kuma alade ne. Laulau, ƙunshin ganyen gwaza, shi ma yawanci da alade a ciki. Kaza da naman sa ba yankan Musulmi ba ne sai an tabbatar maka. Abin da ya rage ba kaɗan ba ne: gasasshen kifi, poke wato ɗanyen kifi da aka yanka aka haɗa da kayan ɗanɗano, lomi salmon mai tumatir da albasa, dankali mai launin shuni, shinkafa, burodin gwaza, abarba, gwanda, da haupia na madarar kwakwa. Tambayi ma'aikaci kai tsaye ko akwai alade ko kitsensa a cikin abu, musamman soyayyar shinkafa da taliya da wake. Dankalin nan ma yana da labari: asalinsa Kudancin Amurka ne, kuma ya isa Polinesiya tun kafin Turawa su shigo Pasifik, abin da ke nuna nisan da matuƙan nan suka kai.

Wanda bai sayi tikitin abinci ba, kasuwar Hukilau na da gidan abinci da rumfuna. Inda aka kawo maka abinci a tebur, al'adar Amurka ce a bar tukuicin kashi 15 zuwa 20 cikin ɗari.

Wasan dare da komawa

Da ƙarfe bakwai da rabi ake fara Ha: Breath of Life, wanda ake yi tun 2009 da 'yan wasa fiye da 100, a babban dandali mai rufi da buɗaɗɗun gefuna. Labarin wani yaro ne mai suna Mana, daga haihuwa zuwa girma, aure, yaƙi, rashin uba, da samun nasa ɗan, kowane mataki cikin kiɗa da rawar tsibiri guda. Wanda ya zauna a ƙauyuka da rana zai riƙa gane abin da yake gani, wanda bai zauna ba kuwa duk rawar iri ɗaya za ta zame masa. A ƙarshe ake rawar wuƙar wuta ta Samowa. Juya wuƙa tsohuwar al'adar mayaƙa ce, amma ƙara mata wuta a 1946 aka fara, ta hannun Freddie Letuli. Wuƙar ƙarfe ce, wutar ta gaske ce, masu yi sukan ƙone. Shiga minti 20 kafin lokaci, kai yara banɗaki tukuna, ka bi sanarwar da za a yi kan ɗaukar hoto. Ƙaramin yaro na iya firgita da ƙarar ganga da ihun yaƙi, don haka mai jariri ya nemi kujerar bakin layi.

Ana tashi wajen ƙarfe tara. Idan da tsaraba a ranka, saye ta da rana, domin a wannan lokaci kowa na rububin fita. Duba tambarin kaya ka ga inda aka yi su, ka fifita ɗan ngatu ko sassaƙa ko saƙar ganye na hannu. Hukumar noma tana binciken kayan duk mai barin Hawai zuwa sauran Amurka, kuma ba a wucewa da yawancin ɗanyun 'ya'yan itace da wasu tsirrai, saboda haka cinye su a nan. Mai bas ya riƙe lambar motarsa da inda ta tsaya tun da rana. Mai tuƙi ya sani titin Kamehameha da dare duhu ne, yana da kwana-kwana, ga masu tafiya a ƙafa a gefensa. Idan gajiya ta yi yawa, akwai otal a Laie dab da cibiyar, kuma kama ɗaki tun kafin ranar zai ba ka damar kwana, ka zagaya gaɓar arewa zuwa Haleiwa da safe, ka koma Honolulu ta tsakiyar tsibirin.